Firjin da Ba Ya Son Gaisuwa

A Zuru, can bayan tashar mota, akwai wani saurayi Philemon wanda ya raɗa wa kansa Injiniya tun bai san hannun da ake juya noti ba. Kabu-kabu yake yi da babur, amma idan ka tambaye shi sana'arsa sai ya ce ƙere-ƙere, babur ɗin don motsa jini ne kawai. An taɓa kawo masa rediyo mai ƙara-ƙara, ya tone cikinta tas, ya mayar da ita ko tari ba ta yi. Da mai ita ya yi ƙorafi, Philemon ya ce, "To ba ƙarar ka ce in cire ba?"

Duk da haka babu mai ƙinsa a unguwar. Dariyarsa irin mai yaɗuwa ce, kuma mutum ne mai gaisuwa. Idan ya ɗauki fasinja mai sauri, kafin fasinjan ya isa inda za shi ya san lafiyar rabin garin.

Abu ɗaya ne yake hana shi sukuni, Keziah ɗiyar Saja Mika, wadda take taya uwarta Mama Margaret sayar da kunun aya a bakin kasuwa. Idan za ta yi dariya takan rufe baki da gefen ɗankwali, Philemon kuwa zai iya zubar da mutuncinsa kaf a ƙasa don dai ya ga gefen ɗankwalin nan ya motsa. Ita ma tana sonsa, kowa ya sani. Saura uban.

Saja Mika tsohon soja ne mai gashin baki, wanda ko kaza ya kira sai ta tsaya cak. Ya riga ya faɗa, ɗiyarsa ba ta barin gidansa sai an yi masa golmo, noman nan da saurayi yake yi a gonar suruki damina bayan damina kafin a ba shi mata. Wasu gidajen sun sassauta, Saja bai sassauta ba. Philemon kuwa ranar da ya taɓa wuni da fartanya, hannunsa ya yi bororo har sai da aka riƙa ba shi tuwo a baki.

Ana cikin haka, a tsakiyar bazara, wata babbar motar kifi ta yi faci a gaban rumfar Bello mai faci. A goshinta akwai wani inji yana gurnani. Da direban ya buɗe bayanta don ya duba kaya, sai sanyi ya zubo ƙasa fari fat kamar hayaƙin da ya gaji. Philemon ya yi ta zagaya motar har ya ga wani ɗan faranti na ƙarfe a jikin injin, cike da lambobi.

"Direba, waɗanga lambobi na mine ne?"

"Na mai abin ne," in ji direba. "Wanda ya ƙirƙiro injin ya zana shi, ya kai ofishin gwamnati aka yi masa rajista. Duk wanda ya kwaikwaya sai kotu. Shi yana kwance gidansa, amma duk motar da ta ɗauki kifi da sunansa take tafiya."

"In kuma wani ya ga naka kafin ka kai rajistar fa?"

"Sai ya riga ka. Ka koma ɗan kallo."

Philemon ya yi shiru. Bello ya ɗago daga tayar da yake duka ya ce, "Jama'a, a sa garin ga cikin addu'a. Injiniya ya yi shiru."

Washegari aka ga ya jawo gawar wani tsohon firji daga bola, ya kai bayan rumfar Bello ya kewaye wurin da zana. Aka yi ta jin bugun guduma, jefi-jefi kuma a ji muryar mutumin da ya bugi yatsa. Ya yanke bayan firjin ya sa ragar waya, ya cika ta da gawayi, ya lulluɓe da buhun algarara. A sama ya ɗaure jarkar ruwa mai ɗan huji tana ɗiga a kan buhun. Sannan ya samo fankar lagireton wata matacciyar mota, ya haɗa ta da tayar baya ta babur da fanbel. Taya ta juya, fanka ta juya, iska ta ratsa jiƙaƙƙen gawayi ta shiga akwati. A ƙofar ya buga murfin gwangwanin madara, ya huda rubutu da ƙusa: Ƙirar Philemon, Zuru.

Bello ya leƙo ta saman zana.

"Mayar da idonka," in ji Philemon. "Ba a yi rajista ba tukuna."

"Ni mi zan sata nan? Gawayin ko buhun? Buhun ma nawa ne."

"Haka ake farawa. Yau buhu, gobe ka tahi Abuja ka ce kai ka zana."

"In na shiga Abuja da wanga abu, ba ofishin rajista za a kai ni ba, wurin likitan kai za a kai ni."

Abin da Bello har yau ba ya son a tuna masa shi ne, abin ya yi aiki. Philemon ya sa gorar ruwa a ciki, ya yi ta zagaya filin ƙwallo ba tsayawa, ya fito da ita da sanyi irin na randar da ta kwana a inuwa. Bello ya sha, ya daɗe yana kallon gorar, sannan ya ce, "Ruwan dai dama ba mai zafi ba ne."

Ranar nan Philemon ya sayi baƙin tamfol, don duk inda ya tsaya ya rufe ƙirarsa daga idon ɓarayin fasaha. Ya sa rigar zuwa coci, ya je ya tsuguna gaban Saja.

"Baba, na zo kan maganar golmo."

"Ruwa bai faɗi ba."

"Ai nawa ba ya jiran ruwa, golmon ƙwaƙwalwa ne. Wanda ya yi maka noma, rumbu ɗaya zai cika. Ni in takardata ta hito, duk motar da ta ɗauki kifi ko tumatir ƙasar ga, da sunan surukinka za ta tahi."

Saja ya dube shi daga hula har silifa. "Na ƙarar da ƙuruciyata ina gadin ƙasar ga, ban san wa irinka nike gadinta ba."

Mama Margaret tana gefe tana tace aya, tana da nata damuwar. Ranar Asabar za a yi babban taron Zumuntar Mata a Ribah, kuma ita aka ɗora wa abin shan manyan baƙi. Kunun aya kuwa kowa ya san halinsa, ba ya haƙuri da rana, zafi ya ɗan taɓa shi sai ya yi tsami ya fara kumfa. Ga wuta ta daɗe da ɗaukewa, ƙanƙarar da ake samu kafin a bar gari ta zama ruwa. Ta faɗi haka tana magana da rariyarta, Saja kuwa ya murza gashin baki.

"To ga gona ta samu. Ka kai kunun Margaret Ribah da sanyinshi, na yafe golmo, ka turo iyayenka. In ya lalace, ka manta da hanyar gidan ga, ka manta da sunan ɗiyata."

"Baba, sai dai ka tanadar wa baƙin bargo."

Keziah ta raka shi ƙofa. Ba ta yi dariya ba.

"Philemon, abin nan in ka tsaya yana sanyi?"

"In taya ta tsaya, fanka ta tsaya. Amma wa ya ce zan tsaya?"

"Kai? Kai da akuya ma sai ka tambaye ta mutan gida? Daga nan har Ribah dangin Baba ne jere a bakin hanya, kuma kai mai neman aure ne. Ka wuce ɗaya ba ka sauka ba, labarin zai riga kunun isa."

"Injiniya ya lissafa komai."

Wannan dai bai lissafa shi ba.

Ranar Asabar matan suka cika bas da safe suna waƙa, Keziah a cikinsu, Saja a gidan gaba, ya ce zai je ya ga ƙarshen abin da idonsa. Philemon ya jera gorunan kunu a akwati, farare sol, da raɓar randa a jikinsu. Ya cika jarka, ya ɗaure firjin a bayan babur, ya tashi. Fanka ta ɗauka. Ya fara rera waƙar da shi ya ƙirƙira, sunansa ne kawai a cikinta.

Ko gidajen ƙarshen gari bai gama wucewa ba ya hango Baba Zakariyya, yayan Saja, na ɓangaren gidan da suke salla, zaune a gindin mangwaro da carbi. Mai neman aure ba ya gaida suruki daga kan babur. Sai ya sauka, ya cire hula, ya tsuguna, ya jira a sallame shi. Philemon ya taka birki, fanka ta yi wani dogon numfashi ta tsaya. Ya yafa wa akwatin tamfol, ya tsuguna.

Aka tambayi gida, aka tambayi gajiya, aka tambayi zafi, aka tambayi uwarsa da ciwon gwiwarta, da akuyar da ta ɓata bara.

"Mi ka lulluɓe haka kamar amarya?" in ji tsohon.

"Sirri ne, Baba. Ba a gani sai an yi rajista."

Da wani ne da nan ya yi sallama. Amma Philemon ɓoye abu yana iyawa, ɓoye cewa yana da abin ɓoyewa ne ya gagare shi. Ya kwashe labarin motar kifi, da Abuja, da kotu, da yadda masu manyan kamfanoni za su zo Zuru su jera a ƙofar gidansu ana ba su benci. Rana tana hawa, baƙin tamfol yana shanye ta. Can Baba Zakariyya ya miƙa hannu ya taɓa tamfol ɗin, ya janye da sauri.

"Ɗana, masa kake toyawa ciki?"

Philemon ya zabura ya hau babur.

A hanya ya yi wa kansa faɗa, ya kuma fito da dabara. Gaisuwa dole ce, amma a ganinsa tsayawa ba dole ba ce. Don haka da ya hango Gwaggo Larai, ƙanwar Saja, tana tafe da ƙwaryar gyaɗa a kafaɗa, sai ya rage gudu, ya cire hula da hannu ɗaya, ya sunkuyar da kai iyakar iyawarsa, ya fara zagaya ta.

"Gwaggo, an kwan lahiya?"

Ta juya don ta amsa, ya riga ya koma bayanta.

"Yaya gida? Yaya su Goodness?"

Ta sake juyawa, yana hagunta.

"Wane ne wanga? Philemon? Tsaya in gan ka mana."

"Ba a tsayawa, Gwaggo, kimiyya ce. Yaya ƙafa?"

"Ƙafa lahiya take kahin ka zo. Wane irin suruki ne ke gaida mutane kamar shirwa ta ga ɗan tsako?"

Tana magana tana binsa da jiki, shi yana zagaye, ita tana zagaye, har duniya ta fara zagaye tare da su. Gwaggo Larai ta zauna daɓas a tsakiyar hanya, gyaɗa ta watse har cikin kwata. Dole Injiniya ya kashe babur, ya yafa tamfol, ya durƙusa yana tsintar gyaɗa ƙwaya-ƙwaya, ita kuwa tana zaune tana riƙe da kai tana ba shi tarihin surukan da aka yi a gidansu, waɗanda ko ɗayansu bai taɓa sa ta jiri ba.

Da ya iso wata 'yar kasuwar ƙauye, ya ga dattawa cike da rumfa ɗaya, kusan kowanne da irin gashin bakin Saja. Nan zagaye ba zai yiwu ba. Sai wata dabarar ta faɗo masa, wadda ya ji kamar ita ma ya yi mata rajista. Ya kafe babur a kan ƙafarsa ta tsakiya, tayar baya ta ɗage sama, ya sa giya ya bar inji yana aiki. Taya tana juyawa a iska, fanka tana juyawa, shi kuma ya tsuguna gaban dattawa da hula a hannu. Sai dai salansar tana kallon rumfar.

"Ina wuninku, iyayena?"

"Mi ya ce?"

"Ya ce a ba shi wuri."

"A'a, gaisuwa yake."

"To ya kashe hayaƙin ga mu ji gaisuwar."

Dattawa suna tari, shi yana ɗaga murya, mutanen kasuwa suka baro tumatir da gishiri suka kewaye babur. Ba a taɓa ganin babur yana gudu a tsaye da firji a goye ba. Philemon ya waiga ya ga wani mai sayar da takalma ya ɗaga waya yana ɗaukar hoto. A ransa ya riga ya ga mutumin a Abuja, ya ga sunansa a faranti. Ya yi tsalle ya watsa tamfol a kan akwatin, ya manta taya tana juyawa. Taya ta kama gefen tamfol ta nannaɗe, aka ji fyat, tamfol ya rabu biyu, fanbel ya tsinke ya tashi sama ya sauka a tiren mai ƙuli-ƙuli.

"Shi ke nan gaisuwar?" in ji ɗaya daga dattawan, yana share ido.

Babu mai sayar da fanbel a kasuwar. Philemon ya duba hagu ya duba dama, ya kwance bel ɗin wandonsa ya ɗaura a wurin. Ya yi wa dattawa sallama da hannu ɗaya, ɗayan yana riƙe da wando. Abin mamaki, fanka ta ɗauka.

Ya ba babur wuta. Duwatsu suka koma baya suka yi shuɗi, iska tana kuka a cikin gawayi, ya fara jin cewa da sauran dama. In ya riƙe gudun nan, sanyi zai dawo kafin kunu ya gane abin da aka yi masa.

Sai ya hango tabarmi a ƙofar wani gida a gefen hanya, da takalma jere a bakinsu, sun fi maganar da ake yi a wurin yawa. Ya san gidan. Na Inna Zulaiha ne, uwar Isma'ila, wanda suka zauna benci ɗaya a makaranta kafin ya shiga soja. A duk ƙasar Zuru, Isma'ila kaɗai yake kiransa Injiniya ba tare da murmushi a gefen baki ba.

Nan babu suruki. Babu wanda ya ɗaga masa hannu, babu wanda zai kai ƙararsa. Hannunsa ne da kansa ya saki totur.

Jiya da yamma aka kawo labarin rasuwar Isma'ila, in ji wani dattijo. A bakin aiki, can wani daji mai nisa, kuma an riga an rufe shi a can. Yaro ya fita gidan nan da jaka da dariya, ya dawo a magana guda.

Philemon ya cire silifa ya zauna. Akwatin yana tsaye a rana tsirara, duk mai son gani yana gani, bai ko waiga ba. Can aka ce Inna ta ji cewa shi ne, ta ce ya shigo.

Tana zaune a tsakar gida cikin mata, ta ƙanƙance kamar an wanke ta ta tsuke.

"Philemon, an ce da wani akwati ka zo. Shi ne wanda ka gaya mai a waya? Ya ce mani in ka gama in je in gani."

"Shi ne, Inna."

"To hwaɗa mani yadda yake."

Ya faɗa mata. Gawayi, da buhu, da jarka mai huji, da fanka, da inda ake haɗa ta da taya, bai rage komai ba, a gaban mata cike da gida kowacce da kunnenta. Ita ba ta san mene ne fanbel ba. Muryar sa'an ɗanta take saurare, kuma duk sa'ad da ya yi kamar zai tsaya sai ta ce, "Sai kuma mi?" Shi kuma sai ya ci gaba. A ƙarshe ta dafa kansa ta ce, "Allah shi yi albarka. Shi ma haka yake da surutu."

Da ya fito, inuwar gidan ta riga ta juya gabas. Jarka ta ƙafe, buhu ya bushe ya yi ƙamas. Ya taɓa ƙofar akwatin ya ji ɗumi irin na goshin mai zazzaɓi. Bai buɗe ba. Ya hau.

A harabar cocin Ribah mata sun cika maƙil cikin zanen zumunta iri ɗaya, ana kaɗa tulu ana waƙa. Mama Margaret ta gaji da leƙen hanya. Saja yana zaune a inuwa ya ɗora ƙafa kan ƙafa. Da Philemon ya ga taro, sai tsohon halinsa ya farka, don shi taro a wurinsa kamar ruwa ne a wurin busasshiyar shuka. Ya sauka, hannu ɗaya a wando.

"Iyayena mata, kowa ya mayar da waya jaka, abin ga ba a yi mashi rajista ba. Yau Zuru ta kawo wa Ribah abin da sai a manyan motoci ake gani."

"Buɗe dai," in ji Mama Margaret.

Ya buɗe. Wani ɗumi mai tsami ya fito ya gaida sahun gaba. Gorunan sun kumbura sun yi tumbi, wasu ko zama a gindinsu ba sa iyawa.

"Mi ya sa suka yi ciki?" in ji matar Fasto.

"Sanyi ne ya cika su, Mama. Ke za ki fara."

Ya ɗauki mafi girma, ya tsuguna gabanta cikin ladabi, ya murɗa murfi. Murfin bai jira a gama murɗa shi ba. Ya tashi ya bugi tulun kiɗa, kunu ya biyo shi fari tas ya wanke matar Fasto daga ɗankwali har tabarau. Philemon ya ja da baya ya bangaji babur, akwati ya karkace, goruna suka gangaro ƙasa mai zafi suna fashewa ɗaya bayan ɗaya. Mata suka watse, kowacce ta tattare zane. Wata gora ta yi ta juyi a ƙasa tana bin Mama Margaret kamar ta san wadda ta dama ta. Philemon ya kai hannu biyu ya tare akwatin kada ya kife, wando kuwa da ya ga an sake shi ya sauka har idon sawu. Allah ya taimake shi da gajeren wandon ƙwallo a ciki.

Wata tsohuwa Hannah, wadda ƙafa ba ta bar ta ta gudu ba, ta lashi abin da ya sauka a kumatunta, ta yi nazari.

"Wanga kunu ya kusa zama abin da Fasto ke wa'azi a kai."

Dariya ta ɓarke har da matar Fasto, tana goge tabarau. Keziah kaɗai ce ba ta yi ba. Tana tsaye jikin bango tana kallon ubanta, wanda ya miƙe yana tahowa, da kunu a gefen gashin baki.

"Injiniya."

"Baba." Ya ja wando ya tsuguna.

"Ina bargon da ka ce in tanada?"

"Baba, injin lahiyarshi lau. Danginku ne suka yi yawa."

Ya lissafa su, Baba Zakariyya, da Gwaggo Larai, da dattawan kasuwa. Saja yana saurare yana gyaɗa kai kamar mai karɓar rahoto.

"Waɗanga duka ba su kai ka wanga lokaci. Ina kuma ka tsaya?"

Philemon ya dubi ƙasa. "Gidan Inna Zulaiha. Isma'ila ne. Jiya aka kawo labari."

Saja ya tuna ya ga tabarmin da safe ta gilashin bas, ana waƙa a bayansa, bai tambaya ba. Ya san yaron, shi ya koya masa yadda ake ɗaure takalmin soja kafin ya tafi. Ya cire hularsa ya riƙe.

"Wani ya tsayar da kai?"

"A'a."

"Ka san kunun zai lalace?"

Philemon ya buɗe baki zai ce ƙirar Philemon ba ta san lalacewa ba. Ya dubi Keziah, ya rufe.

"Na sani, Baba."

Saja ya nuna firjin da haɓa.

"Kwance wanga tarkace. Ka kai ni gidan."

Philemon ya kwance igiya, ya sauke ƙirarsa a tsakiyar harabar coci, buɗe, mata sun kewaye ta da wayoyi suna ɗauka gaba da baya. Ya cire bel ɗinsa daga fanka ya mayar inda aka san shi. Mama Margaret ta ce sai ya dawo ya wanke zannuwan mutane, ya ce to. Saja ya hau inda firjin yake, suka kama hanya.

Sun yi nisa, rana tana sauka a kan gonakin da suke jiran ruwa. Can Saja ya yi gyaran murya.

"Ka gaya wa iyayenka su zo."

Babur ya yi tangal-tangal.

"Riƙe kan abin ga. Golmo kuwa za ka yi shi. Ba don gonata ta rasa manoma ba, don hannunka ya samu abin yi, ƙarafan garin ga su huta."

"Na gode, Baba. Allah ya ƙara girma." Ya ɗan yi shiru, iyakar shirun da yake iyawa. "Baba, ranar bikin, abin sha ku bar shi a hannuna."

"In ka taɓa ko moɗar ruwa ranar nan, na fasa."

Philemon ya ce to. Amma a madubin babur Saja yana ganin leɓensa yana motsi, ya riga ya fara auna inda zai ɗaura fanka ta biyu.